Jawabi A Kan Ikon Alƙali Da Iyakar Ikon Shugaba

An umurce ni in yi magana a kan rabon iko cikin mulkin da ke bisa tsari rubutacce, da matsayin alƙali a cikinsa. Ni kuwa ban taɓa zama alƙali ko muhuti ba. Abin da na karanta da abin da kunnena ya ji shi zan faɗa, inda na kauce malamai su komo da ni bisa hanya.

Ku sani, ya 'yan'uwa, asalin maganar nan ba baƙo ba ne gare ku. Kowane almajiri da ya kai babin shaida ya san ba a karɓar shaidar mutum ga kansa, ba a karɓar ta ɗa ga ubansa, kuma wakili ba ya sayar wa kansa da kayan da aka wakilta shi a kansu. Kun san labarin da malamai ke bayarwa na Sayyidina Aliyu, yana kan halifanci, da ya ga sulkensa a hannun wani mutum. Bai aika dogarai su ƙwato ba, ya tafi gaban Alƙali Shuraihu ya yi ƙara kamar kowa. Da ya kawo ɗansa shaida alƙali ya ƙi karɓa, hukunci ya faɗa a kan halifa, ya kuwa yarda. Abin lura cikin labarin nan biyu ne: alƙali bai ji tsoron wanda ya naɗa shi ba, wanda ya naɗa shi kuma ya bi hukuncin.

To, amma irin Sayyidina Aliyu ba a samunsa kowane zamani. A ƙasashenmu dā, sarki shi ke naɗa alƙali, shi ke tuɓe shi, shi kansa kuma yana zaman shari'a a majalisarsa, har zuwa ƙarshen shekarun 1960 da aka soke kotunan sarakuna a arewacin Nijeriya. Kadan an dace da sarki mai tsoron Allah, talaka ya huta. Kadan ba a dace ba, ina zai kai kuka? Saboda wannan ne masu hankali na wurare dabam dabam suka nemi dabarar da ba ta rataya ga kirkin mutum ɗaya ba.

A Ingila, cikin shekarar 1701, aka kafa doka cewa manyan alƙalai za su zauna kan muƙaminsu muddin halinsu na da kyau, sarki ba shi da ikon korarsu sai majalisun ƙasa biyu sun nema. Wani Bafaranshe mai suna Manteskiyu, wanda shi ma ya yi alƙalanci a birnin Bodo, ya fitar da littafi a 1748 inda ya bayyana cewa ikon mulki kashi uku ne: ikon kafa doka, da ikon zartar da ita, da ikon yanke hukunci bisa gare ta. A ganinsa duk inda ukun nan suka taru a hannu ɗaya, 'yanci ya ƙare. Mutanen Amurka suka gina tsarin mulkinsu na 1787 bisa wannan, sa'an nan a 1803 babban alƙalinsu Jon Mashal ya yanke cewa kadan dokar majalisa ta saɓa wa tsarin mulki, kotu ba za ta yi aiki da ita ba. Misalin abin kamar murhu ne: duwatsu uku ke ɗauke da tukunya, kowane yana wurinsa, in an janye ɗaya tuwo ya kife.

Wannan duka a takarda ne. Yanzu bari in kawo muku inda aka gwada shi, a nan maƙwabtanmu, ƙasar Nijar, cikin shekarar 2009.

Mutanen Nijar sun karɓi tsarin mulki da ƙuri'arsu a watan Yuli na 1999. A cikinsa, aya ta 36 ta ce shugaba yana yin shekara 5, ana iya sāke zaɓensa sau ɗaya tak. Aya ta 136 kuma ta kulle wannan ƙofa, ta ce ayar nan ta 36 ba ta cikin abin da za a iya gyarawa. Aka kafa kotun tsarin mulki mai alƙalai 7, aka rubuta cewa ba a tuɓe su cikin wa'adinsu, hukuncinsu ba a ɗaukaka shi, kuma ya hau kan kowane mai iko. Bisa wannan tsari aka zaɓi Tanja Mamadu a 1999, aka sāke zaɓensa a 2004, ya yi rantsuwa da Alƙur'ani zai kiyaye shi. Wa'adinsa na ƙarshe zai cika ran 22 ga Disamba 2009.

Da lokaci ya matso sai aka ta da kiran da kuka sani, watau tazarce. Kada mu zalunci mutumin, yana da masoya da yawa, talakawan karkara sun ga aikinsa. Masu kiran suka ce ga matatar mai ana ginawa a Damagaram, ga madatsar ruwa ta Kandaji an aza harsashi, ga gada ta biyu a Yamai, a bar shi shekara uku ya ƙarasa. Sai shugaba ya ce zai kira ƙuri'ar raba gardama a kan sabon tsarin mulki.

Ran 25 ga Mayu kotun tsarin mulki, a ƙarƙashin shugabarta Salifu Fatimata Bazai, ta ba da ra'ayinta cewa wannan ya saɓa wa tsari da rantsuwar shugaba. Kashegari shugaba ya rushe majalisar dokoki. Dutse ɗaya ya tafi ke nan. Ya sa hannu a takardar kiran ƙuri'a, jam'iyyun hamayya suka kai ƙara, ran 12 ga Yuni kotu ta soke takardar, wannan karo kuwa hukunci ne mai ɗaurewa. Ran 26 ga Yuni shugaba ya ɗauki ikon gaggawa da aya ta 53, wadda aka tanada domin ranar da ƙasa ke cikin babban hatsari. Ran 29 ga Yuni ya rushe kotun kanta, daga baya ya naɗa waɗansu alƙalai. Dutse na biyu ya tafi. Aka yi ƙuri'a ran 4 ga Agusta, hukuma ta ce fiye da kashi 92 cikin ɗari sun yarda, 'yan hamayya kuwa sun ƙaurace. A watan Oktoba ƙungiyar ƙasashen Afirka ta Yamma ta dakatar da Nijar. Ran 18 ga Fabrairu 2010 sojoji a ƙarƙashin Salu Jibo suka shiga fada da rana tsaka, suka kama shugaba yana zaune da ministocinsa.

Na tuna a farkon daminar nan muna zaune a zaure muna jin labarin a rediyo, wani almajirina ya ce mini, "Allah gafarta malam, mutum bakwai ba su da bindiga ko ɗaya, yaya za su hana mai sojoji abin da ya yi niyya?" Na ce masa ba za su iya ba. Wannan ita ce gaskiyar da nake so ku riƙe. Baitulmali yana hannun majalisa da gwamnati, takobi yana hannun shugaba, alƙali ba shi da kome sai alƙalami da hujja. Ɗan sandan da zai zartar da hukuncinsa ma yaron shugaba ne. Saboda haka ikon alƙali yana tsaye bisa abu biyu: a hana mai mulki taɓa kujerarsa da abincinsa, kuma mai mulki ya bi hukunci ran da ya faɗa a kansa. Ran da hukunci ya yi wa shugaba daɗi ba a gane kome, gama kowa na bin abin da yake so.

Ga wata tambaya mai nauyi wadda magoya bayan tazarce suka yi, ba kuwa za mu tsallake ta ba. Suka ce, ashe ba jama'a ce mai mulki ba? Don me mutum bakwai da ba wanda ya jefa musu ƙuri'a za su hana a tambayi jama'a? Jawabina shi ne, jama'ar ce da kanta ta kulle ƙofar a 1999, a lokacin da ba wanda ya san wa zai hau kujera, watau lokacin da son zuciya bai shiga ba. Alƙalan nan ba su ƙago kome ba, alkawarin da jama'a ta rubuta suka karanta wa wanda ya rantse a kansa. Sa'an nan ku duba wanda ke tambayar. Mutumin da ke riƙe da baitulmali, da rediyon gwamnati, da gwamnoni, da 'yan sanda, shi ne ke tambayar mutane ko ya zauna, shi ne kuma mai amfana da amsar. Ai wannan wakilin nan ne da muka ambata, mai sayar wa kansa da kayan amana. Ba a ba kura ajiyar nama, ko da kurar ta yi shekara goma ba ta taɓa ba.

Kada kuma wani ya fita daga nan yana cewa na yabi sojoji. Abin da suka fara yi shi ne jingine tsarin mulki da rushe hukumominsa duka. Haƙiƙa sun mai da mulki ga farar hula a 2011, sun kuma kira Fatimata Bazai ta shugabanci majalisar tsarin mulki ta riƙon ƙwarya. Amma a Yuli 2023 waɗansu sojojin sun sāke jingine tsarin da aka rubuta a 2010. Darasin da na gani shi ne, shugaban da ya rufe ƙofar kotu ya koya wa kowa cewa ƙarfi ke raba gardama, akwai kuwa wanda ya fi shi ƙarfi a bariki. Kotun da ya rushe ita ce da za ta tsare shi.

Domin kada ku ce abin ba ya yiwuwa a Afirka, ku dubi ƙasar Kenya. An yi zaɓe ran 8 ga Agusta 2017, aka ce shugaba mai ci Uhuru Kenyatta ya lashe. Raila Odinga ya kai ƙara. Ran 1 ga Satumba Kotun Ƙoli a ƙarƙashin Dauda Maraga, alƙalai 4 suka rinjayi 2, ta soke zaɓen saboda hukumar zaɓe ba ta bi doka ba wajen aiko da sakamako, ta ce a sāke cikin kwana 60. Kenyatta ya yi fushi ƙwarai, ya zagi alƙalan a bainar jama'a. Duk da haka ya koma neman ƙuri'a. Aka sāke zaɓe ran 26 ga Oktoba, Odinga ya janye, Kenyatta ya ci, Maraga kuwa ya zauna kan kujerarsa har ya yi ritaya a 2021. Ba a rasa rikici da asarar rayuka ba a wannan shekara, amma kotu ta tsaya, soja bai fito ba.

Wani zai ce, to shi alƙali wa ke tsare mu daga gare shi? Tambaya ce mai kyau, gama mun ga alƙalai masu cin hanci, mai dokar barci ya ɓuge da gyangyaɗi. An ɗaure alƙali da igiyoyi nasa. Ba ya fita neman shari'a sai an kawo masa ƙara. Yana zama a fili kowa na gani. Wajibi ne ya rubuta hujjarsa domin masana su auna ta. Akwai ɗaukaka ƙara zuwa na sama da shi. Kadan ya fassara doka yadda majalisa ba ta nufa ba, majalisa na iya sāke dokar ta hanyarta. Kadan ya ci amana ana tuɓe shi, amma ta hanyar da aka rubuta tun kafin a san wanda hukuncinsa zai ɓata wa rai.

A Nijeriya an rubuta wannan duka cikin tsarin mulki na 1999. Sashe na 4 ya ba majalisu ikon kafa doka, na 5 ya ba shugaba da gwamnoni ikon zartarwa, na 6 ya ba kotuna ikon hukunci. Sashe na 287 ya wajabta wa kowace hukuma da kowane mutum bin hukuncin kotu. Sashe na 292 ya ce ba a tuɓe babban alƙalin ƙasa sai kashi biyu cikin uku na majalisar dattawa sun nema, hakanan babban alƙalin jiha da Alƙalin Alƙalai na kotun ɗaukaka ƙara ta shari'a, sai kashi biyu cikin uku na majalisar jiha. Rubutun ya yi kyau. Na Nijar ma ya yi kyau a 2009, tawada ba ta hana a rushe kotu ba.

Saboda haka ina roƙon malamai abu ɗaya, almajirai abu biyu. Malamai, jama'a na jin maganarku. Ran da kotu ta yi hukunci a kan shugaban da kuke so, ku gaya wa mutane a bi, in akwai kuskure a ɗaukaka ƙara, gama wanda ya yi wa tauye alƙali guɗa yau saboda nasa ne ke mulki, gobe ɗansa zai tsaya gaban alƙalin da aka riga aka tsorata. Ku kuwa almajirai, ku nemi kundin tsarin mulkin ƙasarku ku karanta sassan nan da kanku yadda kuke bin matani, kada ku tsaya ga abin da ɗan siyasa ya faɗa muku. Sa'an nan cikinku akwai waɗanda za su hau buzun alƙalanci wata rana. Ku tuna da Shuraihu, ku tuna da mutum bakwai na Yamai, da suka rubuta abin da doka ta ce alhali sun san kujerarsu na iya tafiya a kansa.

Abin da ya sawwaƙa ke nan. Inda na yi daidai daga Allah ne, inda na yi kuskure daga gare ni ne, ina neman gafarar malamai. Allah ya ba mu shugabanni masu jin hukunci da alƙalai masu tsoronsa. Haza wassalam.