Jawabin Naɗin Sarkin Noma a Jajimaji

 

Sarkin Noma, rawanin da aka naɗa maka yau yana da nauyi, domin fadamarmu ɗaya ce, masu cinta uku, kowa da lokacinsa.

Damina na faɗuwa, mai tudu zai shuka gero, mai fadama ya watsa shinkafa tun kogi bai kawo ba. Wajen Agusta ruwan Haɗeja da na Jama'are ya iso ya malale, kifi ya biyo shi ya hayayyafa cikin ciyawa. Da kaka ruwa ya soma ja, masunci ya kafa gura a bakin mashigi, manomi ya bi danshi da irin wake. Sai an kwashe amfani sannan Bafulatani ya koro shanu, su yi kiwo su bar taki. A lokacin ne agwagin ruwa ke sauka Dagona daga Turai, su kam ba sa saɓa alkawari.

Ruwan ne ya sake hali. Tun da aka gama madatsar Tiga a 1974, ta Challawa a 1992, cikar kogi ta ragu, ga kuma ruwan da ake sakowa da rani ya hana ƙasa bushewa. Nan ciyawar kacala ta samu gindin zama. Ta toshe hanyoyin ruwa, gonar wani ta nutse, ta wani ko ɗigo, tsuntsun jan-baki kuma ya kwana cikinta ya karya kumallo da shinkafar mutane.

Mu ma manoma da namu laifin, a gaban Ardo nake faɗa. Injin ban-ruwa alheri ne, ya ba mu albasa da alkama da tattasai, amma ya sa mun zarce cikin watannin da can na makiyayi ne, har wasu sun nome burtali.

Saboda haka, Sarkin Noma, kafin a yanke shinkafar bana ka zauna da Ardo da Sarkin Ruwa, ku tsayar da ranar shigar dabbobi, a yi shela a kasuwa. Ka kira gayyar yankan kacala tun rani bai wuce ba. Za mu fito da laujenmu.

Allah ya taya ka riƙo, ya ba mu damina mai albarka.