Zalika Souley: Wasa Dabam, Hali Dabam



Kowa ya sani tsakanin Illela da Birnin Ƙonni ba wata tafiya ba ce. Ran kasuwa mutanen can su zo nan, na nan su je can, harshe ɗaya, aure ɗaya. Saboda haka labarin da za a ba ku yau ba na baƙuwa ba ne, na maƙwabciya ne, watau Zalika Souley ta Jamhuriyar Nijar, wadda ake lissafa ta cikin matan farko na Afirka ta Yamma da suka ɗauki wasan silima sana'a.

Wasan kwaikwayo ba sabon abu ba ne a ƙasar Hausa. Yara suna wasan langa da na 'yar tsana, ga kuma tashe cikin watan azumi. Da boko ya zo aka soma rubuta wasanni don 'yan makaranta, cikinsu har da Wasan Marafa na Abubakar Tunau, mutumin lardin Sakkwato. Amma a makarantun maza, in wasa ya bukaci mace, sai yaro ya ɗaura zane da kallabi ya tsaya a madadinta. Mace ta fito da fuskarta gaban taro, wannan abu ne mai nauyi ƙwarai a lokacin.

An haifi Zalika a birnin Yamai cikin 1947. Nijar ta sami mulkin kai a 1960, ba a daɗe ba kuwa waɗansu samarinta suka soma shirya fim da kansu. Cikin 1966 Moustapha Alassane ya yi wani fim mai suna Le Retour d'un aventurier. Labarin wani saurayi ne da ya komo daga Amurka da tsarabar kayan kaboyi, ya raba wa abokansa, suka hau dawaki suka addabi garinsu. Mace ɗaya ce cikin ƙungiyar, ita ce Zalika, tana 'yar shekara goma sha tara, ga wando, ga malafa, ga bindiga a ɗamara.

Daga nan sai ta haɗu da Oumarou Ganda, tsohon soja wanda ya yi wa Faransa yaƙi a Indocina. A fim ɗinsa Cabascabo, labarin sojan da ya komo gida ya watsar da kuɗin sallamarsa, Zalika ta fito a matsayin karuwa. A Le Wazzou polygame kuwa ta fito a matsayin kishiya wadda zafin kishi ya kai ta ga neman ran amarya. Wannan fim shi ya fara cin babbar kyautar bikin finafinan Afirka na Wagadugu, wanda ake kira FESPACO, cikin 1972. Ta kuma fito a Saïtane, kana a L'Exilé cikin 1980. Sunanta ya kai ƙasashe da yawa, aka riƙa gayyatarta bukukuwa tana wakiltar ƙasarta.

To, a nan gizo ke saƙar. Da yake ta iya wasan ƙwarai, mutane da yawa a gida suka ɗauka abin da suka gani a bango shi ne halinta. Wadda ta kwaikwayi karuwa suka ce karuwa ce, wadda ta kwaikwayi muguwar kishiya suka ce muguwa ce. Aka riƙa zaginta a hanya, ana nuna ta da baki. Alhali kuwa waɗannan finafinai gargaɗi suke yi. Ba don an ga ƙarshen Cabascabo ba, da ƙaƙa za a gane sharrin almubazzaranci? Ba don an ga inda kishi ya kai matar nan ba, da wa zai tsorata da shi? Mai kwaikwayon mugun hali kamar mai riƙe madubi ne, in an ga muni ba shi ya kawo shi ba.

Oumarou Ganda ya rasu ran 1 ga Janairu 1981. Bayan haka aikin silima a Nijar ya yi ta ja da baya saboda rashin kuɗi, gidajen silima suka yi ta rufewa. Zalika ta ƙara fitowa a 'yan finafinai kaɗan, amma ba abin da ta tara, gama masu wasa a zamanin ba su da albashi tsayayye balle fansho. Cikin 2004 wata 'yar ƙasarta, Rahmatou Keïta, ta fito da fim a kan rayuwarta mai suna Al'lèèssi. A ciki aka ga matar da aka yi wa tafi a manyan birane tana zaune da 'ya'yanta a ɗan ƙaramin gida a Yamai cikin ƙunci. Daga bisani ma sai da ta fita ƙasar waje tana aikatau don ta ci da iyalinta. Ta rasu a birnin Kasabalanka na Maroko cikin watan Yuli 2021, tana da shekara saba'in da uku.

Yau ba gidan da finafinan Kano ba su shiga ba, ko a Illela ko a Ƙonni, mata kuwa da yawa ke fitowa a cikinsu. Abin da ya sami Zalika bai ƙare ba, har yanzu akan ji an la'anci mai wasa saboda rawar da aka ba ta. Abu biyu ake roƙon jama'a. Na farko, iyaye su koya wa yara bambanci tsakanin wasa da gaskiya, kada a yanke wa kowa hukunci sai bisa halinsa na zahiri. Na biyu, masu shirya wasanni su biya masu yi musu aiki hakkinsu tun guminsu bai bushe ba, su kuma masu wasan su yi tanadi tun da sauran ƙarfi, gama tafi ba ya cika tukunya.

Allah ya jiƙan waɗanda suka riga mu, ya ba mu lafiya da zama lafiya, amin.