Ku Zauna Gaban Aduwa

Ƴan'uwa matasan Aderbissinat.

Kuna gani a waya, masu ƙura wa dutse mai ƙyalli ido, wai shi ke ba da natsuwa. Dutse bai da wannan ikon, ku tsare tauhidinku. Amma tafakkuri kan halitta, Suratu Ali Imrana, aya ta 191, ta yabi masu yinsa.

To, bayan La'asar ku aje salula, ku zauna gaban aduwa, minti 10 kawai. Ku dubi ƙayarta, ku dubi ganyenta biyu-biyu, kore shar da bazara, alhali rabonmu da ruwan sama wata 8. Raƙumi ya ci, akuya ta ci, yara su tsotsi ƴaƴan. In hankali ya gudu wajen jarrabawa ko rashin aiki, ku maido shi kan ganyen nan, ku ce Subhanallah.