Gwanayen Wasan Ces da Laƙabobinsu: Jawabi a Taron Shekara



Kwamiti ya ba ni minti goma in yi magana a kan abin da ba siyasa ba, ba kuma kuɗin ƙungiya ba. Na zaɓi wasan ces, wato darar nan mai gida 64 da Larabawa ke kira shaɗaranji. A ƙarshe ina da roƙo, amma sai na fara biyan ku da labari.

Mu ma'aikatan gwamnati mun san darajar mataki. In mutum ya jure, shekaru suka yi, fayil ɗinsa bai ɓata ba, zai hau. A ces ba haka abin yake ba. Hukumar wasan ta duniya, FIDE, wadda aka kafa a Faris a 1924, tana da matakai huɗu. Na ƙasa shi ne mai jiran gado, yana bukatar maki 2200. Sai Gwanin FIDE mai 2300, sai Gwanin Ƙasa da Ƙasa mai 2400, kana Babban Gwani, wanda Turawa ke cewa giranmasta, mai 2500. In ka samu laƙabin ya zama naka har mutuwa, ba ritaya, sai fa in an kama ka da maguɗi. A 1950 aka fara bayar da babban laƙabin a hukumance, mutum 27 kacal suka samu.

Wannan maki wani malamin kimiyyar fiziks ne, Arpad Elo, haifaffen Hangari mazaunin Amurka, ya tsara shi, FIDE ta karɓa a 1970. Yadda yake aiki: in ka fi abokin karawarka da maki 200, lissafi na sa ran ka kwashe kusan kashi uku cikin huɗu na sakamakon wasanninku. In ka yi fiye da haka makinka ya hau, in ka gaza ya sauka. Saboda haka cin raunana ba ya ƙara maka komai sai ɗan kaɗan, dole ka nemi na sama da kai. Magnus Carlsen na ƙasar Norwe ya kai 2882 a 2014.

Kada mu ɗauka Turawa ne suka fara wannan tsari na daraja. Tun zamanin Abbasiyawa a Bagadaza ana kasa 'yan wasa aji-aji, na ƙoli ana ce musu aliyat. A cikinsu akwai Abubakar as-Suli, marubuci kuma masanin tarihi, wanda ya yi zama a fadar halifofi a ƙarni na 10. Abin da Turawa ke kira sarauniya a kan allon, a wancan zamani mashawarcin sarki ne, abin da suke kira limamin coci kuwa giwa ce.

Yanzu ga abin da na fi so malamanmu su ji, domin na san tsoronsu shi ne kada wasa ya cinye karatu. Emanuel Lasker na Jamus ya riƙe kambun duniya shekara 27, daga 1894 zuwa 1921, kuma yana da digirin dakta a lissafi. Max Euwe na Holan malamin lissafi ne a makarantar 'yan mata lokacin da ya ci kambun a 1935. Mikhail Botvinnik, zakaran 1948, injiniyan lantarki ne. Capablanca na Kyuba kuwa ɗan'uwanmu ne, ma'aikacin ma'aikatar harkokin waje, sai dai ban tsammanin yana sa hannu a rajistar zuwa aiki da ƙarfe takwas ba. A nan Afirka, Bassem Amin na Masar, wanda ya fara haye maki 2700 a nahiyar a 2017, likita ne.

Akwai kuma ɗaya ɓangaren, ba zan ɓoye shi ba. Bobby Fischer na Amurka ya zama Babban Gwani yana da shekara 15 a 1958, ya bar makarantar sakandare yana da 16. A 1971 ya lallasa Mark Taimanov na Tarayyar Sobiyet 6 da 0. Da Taimanov ya koma gida hukumomi suka yanke masa alawus, suka hana shi fita waje. Abin da ya rufa masa asiri shi ne sana'arsa ta biyu, domin ƙwararren makaɗin fiyano ne. Shi kuwa Fischer ya doke Boris Spassky a 1972 ya zama zakaran duniya, a 1975 ya ƙi kare kambun aka miƙa wa Anatoly Karpov ba tare da an taɓa ko doki ɗaya ba. Bai sake wasan gasa ba sai bayan shekara 20. Ya rasu a 2008 a ƙasar Aisland, nesa da gida, ya ɓata da kusan kowa. A ganina wanda aka ci 6 da 0 ya fi wanda ya ci shi dacewa da rayuwa.

Wanda labarinsa ya fi taɓa ni shi ne Sultan Khan, mutumin Punjab. A 1929 wani basarake da yake yi wa hidima ya tafi da shi Ingila. Ya girma ne da dokokin wasan irin na Indiya, na Turawa bai daɗe da koyonsu ba, sanyin ƙasar kuma bai karɓe shi ba. Duk da haka ya ci gasar Birtaniya sau uku, a 1929 da 1932 da 1933, ya kuma doke Capablanca kansa a garin Hastings. A ƙarshen 1933 ya koma gida ya kama noma. Da aka raba laƙabobi a 1950 ba wanda ya tuna da shi. Ya rasu a 1966, sai a 2024 FIDE ta ba shi Babban Gwani na girmamawa, shekara 58 bayan an binne shi. Mu da ke bin fayil ɗin fansho mun gane wannan labari sarai.

Shekarun samun laƙabin sai raguwa suke. Judit Polgar, yarinya 'yar Hangari, ta karya tarihin Fischer a 1991. A 2021 Abhimanyu Mishra ya samu yana da shekara 12, wato sa'ar ɗan aji ɗaya a makarantar nan. A Disamban 2024 Gukesh na Indiya ya zama zakaran duniya yana da 18, alhali ƙasarsa sai a 1988 ta samu Babban Gwaninta na farko, Viswanathan Anand.

To mu fa? Maki kaɗai ba ya isa. Kafin a ba ka babban laƙabi sai ka kawo shaida, galibi uku, daga gasanni masu ƙarfi, jimillar wasa 27 aƙalla, kuma a cikin abokan karawar dole a sami manyan gwanaye da 'yan wasu ƙasashe. Irin waɗannan gasanni sun fi yawa a Turai. Ke nan yaro ɗan Afirka sai ya sami biza da kuɗin jirgi da na masauki kafin ma a gwada ƙwaƙwalwarsa. Shi ya sa sai a 2009 aka tabbatar wa Amon Simutowe na Zambiya da laƙabin, na farko a Afirka kudu da Sahara. Ba rashin basira ba ne. Odion Aikhoje ya ciyo wa Nijeriya lambar zinariya a allo na biyu a gasar Olimfiyad ta 1998 a garin Elista na Rasha. Tanitoluwa Adewumi, wanda iyayensa suka bar ƙasar nan a 2017, ya ci gasar yara ta jihar New York a 2019 yana da shekara 8, a lokacin suna kwana a gidan marasa galihu. Tunde Onakoya, mai koya wa yaran unguwannin talakawa a Legas, ya yi wasa na awa 60 a New York a 2024 don tara musu kuɗin karatu.

Na san a cikinmu akwai masu ganin duk wasan allo ɗan'uwan caca ne. Malamai sun tattauna hukuncin shaɗaranji tun da daɗewa, wannan fagensu ne, ga su nan zaune. Abin da zan iya shaidawa shi ne babu ƙuri'a a cikinsa, babu sa'a, kuma abin da nake nema ba a sa ko kwabo a kai.

Ga roƙon nawa. Ƙungiya ta sayi allo goma da agogon wasa biyu a ajiye a laburare. Shugaban makaranta ya taimaka mana da malami ɗaya da zai kula da su, da awa ɗaya a mako bayan la'asar, kuma duk yaron da ya faɗi jarrabawar zango a dakatar da shi sai ya gyara. Ɓangaren 'yan mata ma a ba su nasu kaso daidai. Allo biyu na farko ni zan kawo, ma'aji ya rubuta. Sauran takwas ɗin, 'yan ajinmu na gan ku can baya kuna sunkuyar da kai, takarda za ta zagayo kafin a kawo abinci.