Wanda Ya Raina Kotu Talaka Ya Raina

Ga laccar da akawun jam'iyyarmu ya yi wa jama'a a Yalwawa, cikin Dutse.

Abin da aka sa ni in yi magana a kai shi ne gine-ginen da ake yi ba bisa ƙa'ida ba, da ma'aikatan hukuma waɗanda kotu kan umurta su hana, su yi kunnen ƙashi.

Tun da aka yanke Jihar Jigawa a 1991, Dutse ta zama hedkwata, fili ya yi daraja. Da jami'ar tarayya ta zo a 2011 sai abin ya ƙaru. To, garinmu a gindin duwatsu yake. Ruwan da ya sauko daga kan dutse lalle sai ya nemi hanya, in kuwa an toshe masa hanya da bulo, ɗakin talaka zai faɗa. Duk wanda ya ga ambaliyar 2022 a wannan jiha ba ya bukatar a yi masa dogon bayani.

Dokar filaye ta 1978 ta danƙa filin birni a hannun Gwamna, amana ce domin jama'a. Watau ba mai aza tubali sai da takardar izini. Idan mai kuɗi ya yi gini a kan magudana, ma'aikaci ya kau da kai, unguwa tana da ikon ta kai ƙara Babbar Kotu, joji ya tilasta wa ma'aikacin ya yi aikinsa. Sashe na 287 na Tsarin Mulkin 1999 ya ce kowace hukuma da kowane mutum wajibi ne su zartar da hukuncin kotu. Wanda ya karɓi oda ya sa ta a aljihun tebur, ya yi abin da masu shari'a ke kira raina kotu, hukuncinsa kuwa har kurkuku.

Kada ku ce wannan maganar takarda ce kawai. A watan Nuwamba 1922 ba mu da bakin magana, amma a watan Nuwamba 2022 Babbar Kotun Tarayya a Abuja ta yanke wa Sufeto Janar na 'yan sanda, Usman Alkali Baba, ɗaurin wata 3 saboda ƙin bin umurninta. Gaskiya ne daga baya kotun ta janye, amma an dai ga iyakar hula da igiya. In an iya kiran sunan shugaban 'yan sandan Nijeriya duka, wane ne darakta, wane ne ciyaman? Sashe na 308 Shugaban Ƙasa da Gwamna da mataimakansu kaɗai ya kāre. Kwamishina ba ya ciki.

Mu dubi maƙwabtanmu Kano. Gwamnati ɗaya ta bari aka gina kantuna a Filin Idi. Wata gwamnati ta hau a 2023 ta rushe su. 'Yan kasuwa suka kai ƙara, a watan Satumba na shekarar Mai Shari'a Simon Amobeda ya ce a biya su diyyar naira biliyan 30. Sai da wata kotu ta sa aka riƙe asusun gwamnati, sa'an nan aka zauna aka daidaita a kan biliyan 3. To, wa ya yi hasara? Ɗan kasuwa ya rasa jarinsa, baitulmali ya biya da kuɗinku. Da an tsai da aikin tun ana haƙa tushe, da duk ba a kai nan ba. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi.

Abin da jam'iyyarmu ta ƙi shi ne mudu biyu. Rumfar mai shayi a rushe ta da asuba ba sammaci, benen mai uwa a gindin murhu kuwa ya tsaya ko da joji ya sa hannu. Tun 1950 Malam Aminu Kano da abokansa suke faɗa da wannan hali a zamanin En'e. Riga aka sāke, halin yana nan.

Ga abin yi. Kada kowa ya ɗauki gatari ya ce zai rushe ginin wani, wannan ba hanyarmu ba ce. In kun ga ana haƙa tushe a kan hanyar ruwa, ku rubuta takarda, mai unguwa ya shaida, ku kai ofis, a buga muku hatimi a kan kwafinku da kwanan wata. In an yi shiru, sai kotu. In kotu ta ba da oda aka ƙi bi, lauya zai nemi takardar gargaɗi da ake kira Fom 48, a miƙa wa ma'aikacin hannu da hannu da sunansa. In ya ci gaba da taurin kai sai Fom 49, ya zo gaban joji ya faɗi dalilin da zai hana a ɗaure shi. Ku lura, ofis ba ya shiga kurkuku, mutum ke shiga, saboda haka suna ake rubutawa.

Wanda bai iya rubutu ba ya zo ofishin jam'iyya, mu rubuta masa, ba ko kwabo. Allah ya ba mu shugabanni masu jin tsoronsa. Wassalam.