Aikin Iska a Duwatsun Azbin da Jigayin Ƙasar Kazaure



A arewa da Agadas, cikin Jamhuriyar Nijar, akwai tsaunukan Azbin, inda ƙololuwar Bagzan ta haura mita 2,000 bisa teku. A irin wannan hamada mai tudu, iska ce gwanar sassaƙa. Takan ɗebi rairayi ta yi ta watsa wa dutse, kuma da yake rairayin ba ya tashi sama sosai, gindin dutsen ne ke cinyewa, har ya tsuke kamar ƙugun turmi.

To, mene ne ruwanmu da wannan? Amsar tana ƙarƙashin ƙafafunmu. Kimanin shekara 20,000 da suka wuce, hamada ta sauko har ƙasar Hausa. Iskar da ke sassaƙa duwatsun can, ita ta jibge rairayin da manoman Ɓaɓura ke shuka gero a kai yau. Tun 1958 masanin ƙasa A. T. Grove ya bayyana cewa jigayin nan tsohuwar hamada ce da ta kwanta. Duwatsun Kazaure da Roni kuwa, taurinsu ya sa suka tsaya, taushin da ke kewaye da su ya zaizaye.

Abin da ke riƙe da rairayin nan shi ne saiwar gawo da kalgo da ciyawa. Farin 1973 da na 1984 sun nuna yadda yake tashi in ƙasa ta tsiraita. Saboda haka, mai sare itace a Gwiwa ya sani, hamadar da ke barci yake tayarwa.