Bashin Gida: Nawa Za Ka Biya Kafin Ya Zama Naka?

Wannan shi ne jawabin da ƙaramin editan wannan shafi ya yi a wani taron ma'aikata 'yan Arewa mazauna Ikko.



Na gode da kuka ba ni wannan dama, ko da yake ni ba ma'aikacin banki ba ne, aikina gyaran rubutu ne a gidan jarida. Amma wanda ya saba duba ƙananan haruffa a ƙasan shafi, ba zai rasa abin cewa a kan takardar bashi ba, domin a nan ne ake ɓoye yawancin abin da ke cizon mutum daga baya.

Babu wanda ke zaune a ɗakin nan da bai san zafin haya ba. Mai gida yana neman kuɗin shekara gaba ɗaya, dillali yana jiran nasa kamasho, shekara na zagayowa kuma a ƙara. Saboda haka in aka ce wa magidanci ga hanyar da zai shiga gidan kansa ya riƙa biya wata-wata, abin da zai fara tambaya shi ne, nawa ne a wata? Wannan tambaya ba laifi ba ce, sai dai ita ce mafi ƙanƙanta cikin tambayoyin da ya kamata ya yi. Hausawa sun ce bashi hanji ne, yana cikin kowa. Gaskiya ne, amma hanjin ma wani ya fi wani tsawo.

Bari in fara da yadda abin yake tafiya. Banki ya ba ka kuɗi ka sayi gida ko ka gina, kai kuma ka jinginar masa da takardun gidan. Kowane wata kana biyan adadi guda, kuma adadin nan kashi biyu ne a cikinsa: kuɗin ruwa, da abin da ake ragewa daga uwar kuɗi. Ana lissafa ruwan ne a kan abin da ya saura ana bin ka. To, da yake a farko bashin yana nan da girmansa, ruwa ne ke cinye mafi yawan abin da ka biya, uwar kuɗi kuwa sai ɗan abin da ya rage. Mutane da yawa ba su san haka ba sai ran da suka je neman takardar lissafi bayan shekaru, su ga bashi yana nan kamar ba a taɓa shi ba, su ce an cuce su. Alhali kuwa abin da suka sa wa hannu ke nan.

Mu ɗauki misali da bashi mafi sauƙi da ma'aikaci zai iya samu a ƙasar nan, watau na Asusun Gidaje na Ƙasa, wanda aka kafa da dokar soja a 1992, zamanin Janar Babangida. Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya ne ke riƙe da asusun. Shi wannan banki an kafa shi a 1977, ya gaji wata ƙungiyar ba da rancen gini da aka buɗe tun 1956, kafin samun mulkin kai. Ana cire kashi biyu da rabi cikin ɗari na albashin ma'aikacin gwamnati a zuba a asusun, ma'aikatan kamfanoni kuwa tun 2023 doka ta bar musu zaɓi, in sun so su zuba. Wanda ya yi wata shida yana zubi yana da ikon neman rance ta hannun ɗaya daga cikin ƙananan bankunan lamunin gidaje, a kan ruwa kashi 6 cikin ɗari a shekara, kuma lokacin biya yana iya kai shekara 30.

A ce Malam wane ya karɓi naira miliyan 10 a kan wannan sharaɗi, zai biya cikin shekara 30. Kowane wata zai ba da kimanin naira 59,955. A watan farko, naira 50,000 cif ruwa ne, naira 9,955 kaɗai ce ta taɓa uwar kuɗi. Bayan shekara goma yana biya ba fashi, zai tarar ya zuba wa banki kusan naira miliyan 7 da dubu 200, amma har yanzu ana bin sa sama da miliyan 8 da dubu 300. Ku sake saurara da kyau: shekara goma, kuma abin da ya ragu daga bashin bai kai miliyan 1 da dubu 700 ba. Ba zai kai rabin bashin ba sai ya cika shekara 21. Ran da ya gama, jimlar abin da ya biya zai kai kusan miliyan 21 da dubu 600. Watau ya sayi gida ɗaya, ya biya kuɗin gida biyu har da ɗori.

In da wannan mutum ya zaɓi shekara 20, biyan wata zai tashi zuwa naira 71,643, jimla kuwa ta sauko zuwa kimanin miliyan 17 da dubu 200. In shekara 15 ce, naira 84,386 a wata, jimla kimanin miliyan 15 da dubu 200. Tsakanin shekara 30 da shekara 15 akwai rarar fiye da miliyan 6, kuɗin da ya isa ya ilmantar da yara. Ba sai mutum ya amince da ni ba. Kowane ɗan sakandare da ke da na'urar lissafi a wayarsa zai iya bin sawun waɗannan alkaluma.

Wannan fa shi ne bashi mai rahama. Bari mu leƙa wanda ba shi da ita. A watan Nuwamba na 2024, Babban Bankin Nijeriya ya ɗaga ma'aunin ruwansa zuwa kashi 27 da rabi cikin ɗari, kuma a lokacin rancen gida daga bankunan kasuwanci ya haura kashi 20. Mu ɗauki kashi 24 don sauƙin lissafi. Wannan miliyan 10 ɗin dai, a shekara 15, biyan wata zai zama kimanin naira 205,800, kuma daga ciki naira 200,000 ruwa ne a watan farko. Jimla ta kai miliyan 37. Idan mai karɓa ya ga abin ya yi masa nauyi, ya roƙi a ƙara masa shekara biyar, sauƙin da zai samu a wata bai wuce naira 4,000 da 'yan kai ba, amma jimlar za ta haura miliyan 48. Ya sayi sauƙin naira dubu huɗu da ƙarin miliyan 11. A nan ne nake so kowa ya tsaya ya yi tunani: in ruwa ya yi yawa, tsawaita lokaci ba ya rage nauyi, sai dai ya tsawaita bauta.

Akwai kuma tambayar da ta fi ta yawan ruwan muhimmanci, ita ce, wa ke da ikon sauya shi? A takardun bashi da yawa akwai wani ɗan layi da ke cewa banki yana iya canza ruwa gwargwadon halin kasuwa. Wanda ya sa hannu a kan wannan bai san abin da zai biya ba, domin lissafinsa na yau zai rushe duk ran da Babban Banki ya motsa. Irin wannan rance, mai fara da sauƙi ya tashi daga baya, yana cikin abubuwan da suka raba ɗimbin iyalai da gidajensu a Amurka a rikicin kuɗi na 2008, kuma can ƙasa ce da ruwa bai kai rabin namu ba.

Sai dai kada in tsorata ku fiye da kima, domin maganar tana da wata fuska, kuma rashin adalci ne in ɓoye ta. Naira ta yau ba ita ce nairar shekara 30 masu zuwa ba. A 1981, zamanin Alhaji Shehu Shagari, mafi ƙarancin albashi naira 125 ne. A 2011 ya zama 18,000, a 2019 ya zama 30,000, a 2024 kuma 70,000. Wanda ya ɗaure kansa da biyan wani adadi tsayayye a shekarun baya, kafin ya gama sai ya ga adadin ya zama kuɗin cefanen rana ɗaya. A watan Disamba na 2024 hauhawar farashi ta kai kusan kashi 35 cikin ɗari. Rance a kan kashi 6 tsayayye a irin wannan hali, a gaskiya mai karɓa ne ke cin riba, domin yana biya da kuɗin da ya fi wanda ya karɓa rauni. Shi ya sa layin masu neman rancen asusun nan yake da tsawo, shi ya sa kuma bankunan kasuwanci ba sa son ba da rance mai dogon zango sai da tsada. Amma wannan riba tana da sharaɗi guda: sai in albashinka yana tashi tare da farashi. In abinci da kuɗin mota da kuɗin makaranta sun ninka, albashi yana tsaye, to, ko da biyan wata bai ƙaru da kwabo ba, zai fi da nauyi, domin abin da ya rage maka bayan ka biya ba ya isar gida.

Saboda haka ne aka sa ƙa'idar cewa biyan wata kada ya wuce sulusin abin da mutum ke samu. Ku auna kanku da ita. Mai albashin naira 70,000, sulusinsa kimanin 23,300 ne, kuma wannan ba zai ɗauko masa rancen da ya kai miliyan 4 ba, ko da a kan kashi 6 ne har shekara 30. Ina gidan miliyan 4 a Agege ko Idi-Araba? A nan laifin ba na ma'aikaci ba ne. Jam'iyyu sun daɗe suna alkawarin gidaje. Jam'iyyar NPN a jamhuriya ta biyu har hoton gida ta sa a alamarta tare da masara, aka kuwa gina gidajen da har yau ake kira gidajen Shagari, Alhaji Lateef Jakande kuma ya gina nasa a nan Jihar Ikko tsakanin 1979 da 1983. Abin da waɗannan suka gane, wanda ya kamata jam'iyyarmu ta riƙe, shi ne rance mai sauƙi ba ya amfanar talaka in babu gida mai araha da zai saya da shi.

Sa'an nan akwai shekarun mutum. Ma'aikacin gwamnati yana ajiye aiki in ya cika shekara 60 da haihuwa ko 35 a bakin aiki. Mai shekara 40 ba zai sami wa'adin shekara 30 ba, 20 ce iyakarsa. Miliyan 10 a shekara 20, kamar yadda muka gani, tana bukatar naira 71,643 a wata, watau albashin da ya kai kimanin naira 215,000. Tun 2022 hukumar fansho ta yarda ma'aikaci ya ɗebi har kashi 25 cikin ɗari na ajiyar fanshonsa ya biya kason da ake nema daga gare shi kafin a ba shi rancen gida. Taimako ne, amma ku tuna daga tukunyar tsufa aka ɗebo, kuma abin da za a riƙa ba mutum bayan ritaya zai ragu.

Ban da wannan duka, akwai kuɗaɗen gefe da ba a faɗa a talla. Dokar Mallakar Ƙasa ta 1978 ta sa ba a jinginar da fili sai da amincewar gwamna, kuma neman amincewar nan yana cin kuɗi da lokaci. Ga kuɗin lauya, ga na mai kimanta gida, ga harajin hatimi da na rajista, ga inshorar gobara da ta rai wadda banki zai wajabta har a gama biya. In rufi ya yi yoyo kuwa, babu mai gidan da za ka kira, kai ne shi.

Na san a zukatan da yawa daga cikinmu akwai wata magana da ta fi lissafi girma, watau maganar riba a Musulunci. Hukunci na malamai ne, kuma ga su a zaune, sun fi ni sani. Abin da zan ce kawai shi ne yanzu akwai bankunan da ba sa mu'amala da ruwa. Bankin Jaiz ya fara aiki a 2012, wasu kuma sun biyo baya. Su nasu tsarin, ko dai banki ya sayi gidan ya sayar maka da ribar da aka yanke tun farko, ko ku yi tarayya a mallaka, kana biyan hayar kasonsa kana kuma saye shi kaɗan-kaɗan har ya koma naka. Amma halal ba ta hana tsada. A nan ma sai ka ce a rubuta maka jimlar abin da za ka biya daga farko har ƙarshe, ka kuma tambaya ko hayar tana sauyawa.

Wani zai ce, me ya kai ni? Iyayenmu a gida da ɗaki ɗaya suka fara, in kaka ta yi kyau a ƙara wani, ba su ci bashin kowa ba. Haka mahaifina ya yi, kuma har yau yawancin gidajen ƙasar nan ta wannan hanya ake gina su. Sai dai ita ma tana da nata kuɗin da ba a rubuta ba: hayar da kake biya duk shekarun da ginin ke tsaye babu rufi, da farashin siminti da ƙarfe da ba ya jiran kowa. A farkon 2024 siminti ya yi tashin da sai da gwamnatin tarayya ta kira masu kamfanoni zama. Wanda zai kwatanta hanyoyin biyu, sai ya haɗa da waɗannan.

Ga wanda ya riga ya karɓi rance kuwa, akwai dabara ɗaya mai sauƙi. Mu koma ga mutuminmu mai miliyan 10 a kan kashi 6. In ya iya ƙara naira 10,000 a kan biyansa kowane wata, aka zare ta kai tsaye daga uwar kuɗi, bashin shekara 30 zai ƙare cikin shekara 21, kuma zai tsira da kusan naira miliyan 4. Ƙarin da aka yi a shekarun farko shi ya fi tasiri, domin a lokacin ne ruwa ya fi ci. Sai dai a duba takarda tukuna, gama wasu bankuna suna cin tarar wanda ya biya kafin lokaci, wasu kuma suna ajiye ƙarin a matsayin biyan watan gaba maimakon su rage uwar kuɗi. A kan ruwa mai tsada, wannan ƙari ya zama tilas ga duk mai hali. A kan kashi 6 tsayayye kuwa, mutum yana iya ganin ya fi masa ya juya kuɗin a sana'a, kuma ba zan ce ya yi kuskure ba.

Kafin kowa ya sa hannu, ya nemi banki ya ba shi jadawalin biya gaba ɗaya, wata bayan wata, wanda ke nuna ruwa dabam, uwar kuɗi dabam, da abin da ya saura. Ya kai shi gida, ya zauna da uwargida su duba tare, domin in ta Allah ta kasance, ita da yara ne za su tsaya gaban banki. Ya tambayi wata nawa na rashin biya ne ke ba banki ikon sayar da gidan, kuma ya ga amsar a rubuce.

Shugaban taro, na ga lokaci ya ja. Na zo da kofe na jadawalin misalan da na kawo, suna hannun sakatare ga mai so.